Thaddeus Stevens: Lauyan da Ya Samar wa 'Yantattun Bayi Doka, Ya Kasa Samar Musu Gona

Da yammacin ranar 20 ga Janairun 2025, 'yan sa'o'i bayan an rantsar da shi, Shugaba Donald Trump ya zauna a ofishinsa na fadar White House. Ana miƙo masa takardu ɗaya bayan ɗaya, yana rattaba hannu da baƙin alƙalaminsa mai kauri, 'yan jarida sun kewaye tebur. A cikin takardun akwai wadda ta ce ba kowane jaririn da aka haifa a Amurka ne zai ci gaba da zama ɗan ƙasa ba, in dai iyayensa sun shigo ta ɓarauniyar hanya ko kuma bizar ɗan lokaci suke riƙe da ita.

Kafin gari ya waye labarin ya iso nan gida. Ba ɓoyayyen abu ba ne cewa masu hannu da shuni a Najeriya sun daɗe suna kai matansu haihuwa Amurka don jariri ya dawo da shuɗin fasfo. Cikin kwana uku wani alƙali a birnin Seattle ya dakatar da umarnin, wasu alƙalan suka bi sahu, aka shiga shari'a.

Duk ɓangarorin biyu takarda ɗaya suka ɗaga sama: gyara na 14 da aka yi wa tsarin mulkin Amurka a 1868. Amma waɗanda suka rubuta shi ba baƙin haure ne a gabansu ba, ba kuma masu yawon haihuwa ba. Bayi kusan miliyan 4 ne da aka kwance wa sarƙa, ba a san matsayinsu a ƙasar da aka haife su ba. Mutumin da ya ja ragamar gyaran a majalisar wakilai wani tsohon lauya ne mai ɗingishi, mai hular gashi da ba ta cika zama daidai a kansa ba, mai baki kamar reza. Sunansa Thaddeus Stevens.

Ɗan mai ɗinkin takalma

An haife shi ranar 4 ga Afrilun 1792 a ƙauyen Danville da ke jihar Vermont, can arewa kusa da iyakar Kanada. Ya zo duniya da lanƙwasasshiyar ƙafa ɗaya, yayansa kuwa duka biyun ne. A wancan zamani mutanen yankin na ɗaukar irin wannan a matsayin hukuncin wani zunubi da iyaye suka ɓoye. Mahaifinsa Joshua, mai ɗinkin takalma da awon fili, ya sa ƙafa ya bar gida yaran suna ƙanana, bai sake dawowa ba.

Uwar, Sarah, ita ta riƙe 'ya'ya maza huɗu da aikin ƙarfi da jinyar marasa lafiya a gidajen mutane. Ta ƙudurta cewa wanda ba zai iya bin garma ba, to sai ya bi littafi. Ta tattara su ta koma garin Peacham saboda akwai makaranta mai kyau a can. A 1814 Thaddeus ya kammala kwalejin Dartmouth. Da ya samu kuɗi daga baya, gona ya saya mata a Peacham, kuma har ta rasu a 1854 bai daina zuwa gaishe ta ba.

Daga nan ya gangara jihar Pennsylvania, ya kama koyarwa a garin York, da dare yana karatun lauya. Lauyoyin garin ba su so ɗan talaka baƙo ya shigo musu, sai suka kafa ƙa'idar da ta hana wanda ya haɗa karatun lauya da wata sana'a zama jarrabawa. Bai tsaya gardama ba. Ya hau doki ya tsallaka jihar Maryland, ya samo takardar shaidarsa a can. A 1816 ya buɗe ofis a wani ƙaramin gari da ba wanda ya san shi a lokacin, Gettysburg.

Shekarar farko ƙuda kawai yake kora. Sai aka kawo shari'ar wani manomi da ya sare ɗan doka da lauje, Stevens ya tsaya masa. An rataye manomin, amma yadda matashin ya yi magana a kotu ya sa aka fara neman sa daga ko'ina.

Shari'ar da ya ci, ta ci shi

Akwai shari'a guda da masu tarihinsa ke yawan komawa kanta, kuma nasara ya yi a cikinta.

Wata baiwa ce mai suna Charity Butler, daga Maryland inda bauta take halal. Waɗanda take yi wa aiki sukan tsallaka da ita Pennsylvania su zauna na ɗan lokaci su koma. Dokar Pennsylvania ta 1780 ta ce bawan da aka ajiye a jihar wata shida ya zama ɗa. Lauyoyin Charity suka tara kwanakin duk zuwan da ta yi, suka ce sun haura wata shida, saboda haka ita da 'ya'yanta sun kuɓuta.

Stevens na ɓangaren masu ita. Ya ce doka wata shida a jere take nufi, ba tsintar kwana nan da can ba. A 1821 kotun ƙolin jihar ta yarda da shi. Aka mayar da matar da 'ya'yanta cikin bauta.

Ta fuskar sana'a aiki ne tsaf, ba inda ya yi kuskure. Amma daga nan aka fara ganin sa yana tsaya wa bayin da suka gudo ba tare da karɓar ko kwabo ba, wani lokacin ma ya zura hannu a aljihu ya fanshi mutum. Gettysburg ba ta da nisa da iyakar Maryland, kuma masu farautar bayi suna ratsa ta kamar hanyar kasuwa. Ya ga abin da idonsa, ba labari aka ba shi ba.

A waɗannan shekarun ne wata cuta ta kwashe masa gashin kai kaf. Ana ba da labarin wata mata mai sha'awar siyasarsa da ta roƙe shi ya yanko mata ɗan gashinsa ta ajiye, sai ya cire hular gashin gaba ɗaya ya miƙa mata ya ce ta zaɓa da kanta.

Makarantar kyauta

Ya shiga majalisar dokokin Pennsylvania a 1833 a ƙarƙashin wata jam'iyya da aka kafa don yaƙar ƙungiyar asiri ta Mason. Wannan yaƙin ya ci masa shekaru ba tare da ya haifar da abin kirki ba. Abin da ya rage daga wancan zamani shi ne maganar makaranta.

Kafin 1834, in talaka yana son hukuma ta biya wa ɗansa kuɗin makaranta, sai ya je a rubuta sunansa a jerin matsiyata. Iyaye da yawa sun gwammace yaro ya zauna a gida da su sha wannan kunya. A 1834 aka yi dokar makarantun gwamnati kyauta ga kowa, da kuɗin haraji. Nan take jiha ta ɗauki zafi. Manoma masu jin Jamusanci suka ji tsoron za a raba 'ya'yansu da harshensu, majami'u masu makarantunsu suka ga za a ƙwace musu ɗalibai, masu dukiya suka ce don me za su biya wa ɗan wani. Mutum fiye da 30,000 suka sa hannu a takardun neman a soke dokar, majalisar dattawan jihar ta amince a soke ta.

Ranar 11 ga Afrilun 1835 Stevens ya miƙe a majalisar wakilai, alhali mutanen mazaɓarsa ma sokewar suke so. Ya ce wanda ke biyan harajin kotu da kurkuku bai taɓa cewa ba zai biya ba don ba shi za a ɗaure ba, to me ya sa na makaranta kaɗai ke masa ciwo? Ya ce tsarin rubuta sunan matsiyata hukunci ne a kan talauci. Har ya yabi Gwamna George Wolf, abokin hamayyarsa na siyasa, saboda ya tsaya wa dokar. Majalisa ta juya, doka ta tsira.

Wasu masana na cewa an zuzuta tasirin jawabin, ƙuri'un sun riga sun fara karkata. Mai yiwuwa ne. Amma shi kansa har ya tsufa yana lissafa wannan rana cikin abin da ya fi alfahari da shi.

Bayan shekara biyu aka zauna sake rubuta tsarin mulkin jihar. Taron ya ƙara kalmar da ta keɓe jefa ƙuri'a ga farar fata kaɗai, aka ƙwace wa baƙaƙe 'yancin da wasunsu ke da shi. Stevens ya ƙi sa hannu.

Kada dai a ɗauka waliyyi ne. Ɗan caca ne na gaske. Ya matsa aka kashe kuɗin jiha a wani layin dogo mai karkace-karkace da abokan hamayya suka ce don ya bi ta kusa da masana'antarsa ta narka ƙarfe aka yi shi. A rikicin zaɓen 1838 ya yi ƙoƙarin ƙwace majalisa da dabara, har sai da ya dira ta taga don tsira daga masu zanga-zanga. Masana'antar ta jefa shi cikin bashi mai nauyi, a 1842 ya koma birnin Lancaster ya duƙufa aikin lauya har ya biya, bai yarda ya fake da dokar fatara ba.

Christiana

A 1848 mutanen Lancaster suka tura shi majalisar wakilai ta tarayya a jam'iyyar Whig. Ya tarar ana ƙulla sulhun 1850 tsakanin Arewa da Kudu, wanda a cikinsa akwai dokar kamo bawan da ya gudu. Dokar ta wajabta wa kowa taimaka wa masu kamun, ta hana wanda aka kama yin magana don kare kansa, ta kuma yanka wa jami'in da ke sauraron ƙarar dala 10 in ya miƙa mutum, dala 5 in ya sake shi. Ko makaho ya san inda wannan ma'auni zai rinjaya.

Ranar 11 ga Satumban 1851, da asuba, wani mai bayi daga Maryland, Edward Gorsuch, ya iso ƙauyen Christiana a gundumar Lancaster da jami'in tarayya da takardar kamu. Suka kewaye gidan William Parker, wanda shi ma gudowa ya yi. Matar Parker ta busa ƙaho daga bene, baƙaƙen unguwa suka fito da bindigogi da adduna. Kafin rana ta ɗaga Gorsuch na kwance matacce. Parker ya tsere Kanada da taimakon ɗan gwagwarmayar yaƙi da bauta Frederick Douglass.

Gwamnatin tarayya ta so ta yi abin da zai zama izina. Ta tuhumi kusan mutum 40 da cin amanar ƙasa, laifin da hukuncinsa kisa ne. Ta fara da Castner Hanway, wani farar fata mai niƙan hatsi, wanda laifinsa shi ne ya zo wurin ya ƙi taimaka wa masu kamun. Aka yi shari'ar a Philadelphia, a benen ginin da aka ayyana 'yancin kan Amurka. Stevens na cikin lauyoyin da suka kare shi. Masu taya alƙali yanke hukunci ba su yi fiye da kwata ɗaya na sa'a ba suka dawo suka ce ba shi da laifi. Sauran tuhume-tuhumen suka bi ruwa.

Shari'ar ta jawo masa baƙin jini a cikin jam'iyyarsa, ya bar majalisa a 1853. Sai 1859 ya dawo, a sabuwar jam'iyyar Republican, yana da shekara 67. Shugaban ƙasa na lokacin, James Buchanan, ɗan Lancaster ne shi ma, lauya ne shi ma, amma ko ga maciji ba sa yi.

Mai riƙe da lalitar yaƙi

Da yaƙin basasa ya ɓarke a Afrilun 1861, aka ba shi shugabancin kwamitin haraji da kuɗaɗe, wanda duk kwabon da za a kashe sai ya bi ta hannunsa. A ƙarƙashinsa aka ƙaƙaba harajin kuɗin shiga na farko a tarihin tarayyar, aka kuma yi dokar 1862 da ta ba gwamnati damar buga takardun kuɗi masu koren baya ba tare da zinari a bayansu ba. Ba ya son dogon surutu. In yana son doka ta wuce, sai ya sa a taƙaita muhawara zuwa 'yan mintoci.

Tsakaninsa da Shugaba Abraham Lincoln akwai girmamawa, akwai kuma gajiya da juna. Lincoln na tafiyar hawainiya, yana lallashin jihohin kan iyaka masu bayi don kada su ɓalle. Stevens kuwa tun farko yake cewa bauta ce ta haddasa yaƙin, a 'yanta bayi a ba su bindiga. Daga baya hakan aka yi: sanarwar 'yantawa ta fito ranar 1 ga Janairun 1863, baƙaƙe kusan 180,000 suka sa kakin sojan ƙasa.

Kudu ba ta manta da shi ba. A ƙarshen Yunin 1863, kwanaki kaɗan kafin gumurzun Gettysburg, Janar Jubal Early na 'yan awaren Kudu ya ratsa ta masana'antarsa ta Caledonia ya banka mata wuta, ya kwashe dawaki da alfadarai. Bayan wata uku aka kashe Alanson, ɗan ɗan'uwansa da ya riƙa, a fagen Chickamauga.

Ranar 31 ga Janairun 1865 majalisar wakilai ta amince da gyara na 13 da ya haramta bauta, da ƙuri'a 119 a kan 56. Yaƙi ya ƙare bayan ya ci rai fiye da 600,000. Tsakiyar Afrilu aka harbe Lincoln, mataimakinsa Andrew Johnson, ɗan Tennessee, ya hau.

Ranar da akawu ya tsallake sunaye

Johnson ya yi amfani da hutun majalisa ya dinga yafe wa manyan 'yan aware, ya bar su suka sake kafa gwamnatocin jihohinsu. Mississippi da South Carolina suka yi dokokin da suka ce baƙin da aka samu ba shi da takardar aiki a kama shi a matsayin ɗan zaman banza, a ba da hayarsa ga mai gona. An gudu ba a tsira ba ke nan.

Akwai kuma wani lissafi da ya tayar wa Arewa hankali. A tsohon tsari, in za a raba kujerun majalisa, bayi biyar ana ƙirga su uku. Yanzu da aka 'yanta su za a ƙirga su biyar cif, amma ba za su jefa ƙuri'a ba. Wato wanda ya sha kaye a fagen daga zai dawo da kujeru fiye da na da.

Ranar 4 ga Disamban 1865 majalisa ta buɗe, zaɓaɓɓun Kudu suka shigo suka zauna. Akawun majalisa, Edward McPherson, ɗan Gettysburg ne kuma yaron Stevens a siyasa. Ya fara kiran suna, duk inda ya iso jihar Kudu sai ya tsallake. Horace Maynard na Tennessee, wanda bai taɓa goyon bayan aware ba, ya miƙe zai yi magana, aka ce wanda ba a kira sunansa ba ba shi da bakin magana. Stevens ya kawo ƙudurin kafa kwamitin mutum 15 daga majalisun biyu da zai tantance sharuɗɗan dawowar Kudu.

Daga wannan kwamiti gyara na 14 ya fito. Ba Stevens ne ya rubuta kowace kalma ba. John Bingham na Ohio ne ya tsara sashen da ya ce dole jiha ta ba kowa kariya ɗaya a gaban doka, jimlar da ta ce duk wanda aka haifa a ƙasar ɗan ƙasa ne kuwa Sanata Jacob Howard na Michigan ne ya shigar da ita, don a binne hukuncin da kotun ƙoli ta yanke a shari'ar Dred Scott a 1857 cewa baƙar fata ba zai taɓa zama ɗan Amurka ba. Aikin Stevens shi ne tura keken. Bai ji daɗin yadda dattawa suka rage wa gyaran kaifi ba, musamman da bai ba baƙaƙe ƙuri'a kai tsaye ba. Ya ce ya karɓa ne don cikin mutane yake zaune, ba cikin mala'iku ba. Majalisa ta amince da shi a Yunin 1866.

Johnson ya hau kujerar na-ƙi a kan dokar 'yancin jama'a, majalisa ta tsallake shi da kashi biyu cikin uku. Ya fito bainar jama'a ya ambaci Stevens da suna cikin maciya amanar ƙasa. Kisan baƙaƙe da aka yi a Memphis da New Orleans a wannan shekara ya sa masu zaɓe suka juya wa shugaban baya. A Maris na 1867 aka raba jihohin Kudu goma gida biyar a ƙarƙashin soja, aka ba baƙaƙen maza ƙuri'a a can.

Eka arba'in

A nan ne ya rabu da kusan kowa, har da abokansa.

Tun Satumban 1865, a wani jawabi a Lancaster, ya kawo lissafinsa. Ya ce a ƙwace filayen manyan masu gandu kimanin 70,000, waɗanda suka ja Kudu cikin yaƙi, filayen da suka kusa eka miliyan 400. A ba kowane magidanci da aka 'yanta eka 40, a sayar da ragowar a biya bashin yaƙi da fanshon sojoji. Ƙananan manoma farar fata, waɗanda su ne tara cikin goma, ba za a taɓa musu ko taki ɗaya ba.

Hujjarsa kowane manomi zai gane ta. Mutumin da ya yi wa wani noma shekara da shekaru ba lada, in ka ce masa ya tafi ya zama ɗa, ba gona, ba fartanya, ba bukka, gobe da safe ƙofar wa zai je? Wanda ke riƙe da rumbunka shi ke riƙe da ƙuri'arka.

An ma fara gwadawa. A Janairun 1865 Janar William Sherman ya ware filaye a gaɓar South Carolina da Georgia, mutum kimanin 40,000 suka zauna suka yi shuka. Kafin shekara ta ƙare Johnson ya ba da umarni a mayar wa tsofaffin masu su.

Stevens ya sake kawo maganar a matsayin ƙudurin doka a Maris na 1867. Ba ta je ko'ina ba. 'Yan jam'iyyarsa na Arewa masu masana'antu da bankuna ne, kuma sun san in aka fara ƙwace dukiyar mai dukiya a Kudu, ba a san inda abin zai tsaya ba. Jaridu suka kira shi mai ramuwar gayya, wasu suka ce haushin masana'antarsa da aka ƙona ne. Wannan zargi bai da ƙarfi, don yana faɗar irin waɗannan maganganu tun kafin a kunna wa Caledonia ashana.

Abin da ya biyo baya shi ne mafi yawan 'yantattun suka koma noma gonar tsohon ubangida a raba amfani. Iri bashi, abinci bashi, littafin lissafi kuma yana hannun mai gona. In kaka ta yi sai a ce maka har yanzu ana bin ka. Haka jikoki suka gāji bashin kakanni har cikin ƙarni na 20.

Ƙuri'a ɗaya

Yaƙinsa na ƙarshe shi ne tsige Johnson. Majalisa ta yi dokar da ta hana shugaba korar minista ba da yardar dattawa ba, Johnson ya kori ministan yaƙi Edwin Stanton. Ranar 24 ga Fabrairun 1868 wakilai suka tuhume shi da ƙuri'a 126 a kan 47, karo na farko da aka yi wa shugaban Amurka haka. Mu ma mun san ɗanɗanon wannan makami, don tsarin shugaban ƙasa da Najeriya ta aro daga Amurka a 1979 shi aka bi aka tsige Gwamna Balarabe Musa na Kaduna a 1981.

A lokacin jiki ya riga ya ƙi. A kan kujera wasu samari biyu ke ɗaukar sa su hau da shi matakalar majalisa. An ce ya taɓa duban su ya tambaye su wa zai riƙa ɗaukar sa in sun mutu. Da ya tashi gabatar da jawabinsa a gaban dattawa, ya fara a tsaye, ya koma zaune, murya ta shaƙe, sai ɗan majalisa Benjamin Butler ne ya ƙarasa karanta masa.

Ranar 16 ga Mayu aka kaɗa ƙuri'a: 35 suka ce da laifi, 19 suka ce babu. Ana bukatar 36. 'Yan Republican bakwai ne suka ƙi bin jam'iyya, cikinsu har da William Fessenden da suka jagoranci kwamitin mutum 15 tare.

A ganina a nan masu sukar sa suna da abin faɗa. Dokar da aka kafa tuhumar a kanta tarko ce aka ɗana wa mutum ɗaya, an soke ta a 1887, kuma a 1926 kotun ƙoli ta nuna cewa tun asali ba ta da tushe. Laifin Johnson na gaskiya shi ne miƙa 'yantattu a hannun waɗanda suka bautar da su, amma ba da wannan aka iya kama shi ba.

Yadda aka tuna da shi

A Yulin 1868 jihohi suka cika adadin da ake bukata, gyara na 14 ya shiga tsarin mulki. Ranar 11 ga Agusta Stevens ya rasu a Washington yana da shekara 76. Aka ajiye gawarsa a zauren majalisa, sojoji baƙaƙe na gadi.

A bakin gadonsa akwai Lydia Hamilton Smith, bazawara mai jinin baƙi da fari, wadda ta riƙe masa gida shekara 20. Bai taɓa aure ba, kuma abokan gaba sun yi ta yaɗa cewa matarsa ce a ɓoye. Abin da aka tabbatar shi ne yana kiran ta da girmamawa irin wadda ake yi wa matan manya, ya kuma bar mata rabo a wasiyyarsa. A farkon shekarun 2000 masu tonon tarihi suka gano wata tsohuwar ma'ajiyar ruwa a ƙarƙashin harabar gidansu na Lancaster, an yi mata gyaran da ya sa ake kyautata zaton an ɓoye bayi masu gudu a ciki.

Bayan an janye soja daga Kudu a 1877, masu rubuta tarihi suka mai da shi dodo. Fim ɗin The Birth of a Nation na 1915, wanda ya wanke ƙungiyar farar fata masu yi wa baƙaƙe ta'addanci, Ku Klux Klan, ya ƙirƙiro mugun ɗan majalisa mai ɗingishi da hular gashi, ba wanda bai gane da wa ake ba. Gyaran nasa ma barci ya yi, don a 1896 kotun ƙoli ta halatta wariya. Sai 1954 aka farkar da shi, aka haramta raba makarantun baƙi da fari da hujjarsa. A 2012 fim ɗin Lincoln ya dawo da Stevens a matsayin gwarzo, Tommy Lee Jones ya fito a madadinsa.

Cikin wasiyyarsa ya bar dala 50,000 a gina wa marayu makaranta, da sharaɗin kada a duba launi ko addini, kuma kowa ya ci abinci a tebur ɗaya. An kafa ta a 1905, tana nan a Lancaster da sunansa, ana koyar da kafinta da walda da aikin lantarki.

Kabarinsa ma yana garin, amma ba a manyan maƙabartu ba. Ya taɓa sayen fili a cikinsu, da ya gano ba a binne baƙaƙe a can sai ya fasa. Yana kwance a wata 'yar ƙaramar maƙabarta mai suna Shreiner-Concord, wadda ba ta tambayar launin gawa.